Wandon Jins na Malam

Na daɗe ban ji ƙarar almakashin tela mai yawo ba a unguwarmu. A da, hantsi na ɗagawa za ka jiyo shi tun daga bakin layi, keken ɗinki a kafaɗa, yana kaɗa almakashi ƙyas-ƙyas, mata na leƙe ta katanga suna aika yara su tsayar da shi. Yanzu sai rurin babura da kiɗan waya. Jirgin ƙasa ma da yake yi mana kuka a nan Kaura Namoda, wanda da kukansa muke sanin lokacin ɗora sanwa, ya yi shiru, ciyawa ta rufe hanyarsa. Ba na cewa duk abin da ya wuce ya fi na yau. Mun sha wuya a da, ban manta ba. Amma a wancan lokaci tufa ba ta mutuwa sau ɗaya. Rigar uba takan koma ta ɗa, in ta gaji a yanka ta a yi wa jinjiri, in ta ƙara gajiya ta zama gammo, ƙarshenta a murza ta a yi lagwani ta ba da haske kafin ta tafi. Yau kuwa ɗinki kaɗan ya saki, sai ka tsinci rigar a kan juji, akuya na tauna hannunta.

Ni a Dauran na tashi, a hannun Gwaggo, yayar mahaifina. Mace ce mai kaɗi, ba ka raba ta da mazari da alli a yatsa. Idan an gama surfe da daka, rana ta yi tsaka, sai ta baje tabarma a gindin rumbu ta fito da tsummokaran gidan duka. Ita ba ta cewa faci, maho take cewa. Takan ɗauki ɗan ƙoƙo ta cusa shi ƙarƙashin inda ya yage, yadin ya miƙe a bayan ƙoƙon kamar fatar ganga, sannan ta fara bin sa da allura. Ni kuwa ina ƙuruciya, hankalina yana wajen 'yan mata da nake jin tafinsu a dandali, sai in yi ta zuba manyan taku don in gama in gudu. Ta karɓa ta duba, ta sa haƙori ta tsinke zaren.

“Ke ɗiyar ga, mi kike ma gaggawa? Wanga ɗinki ko kaza ta bi ta kai sai ƙafarta ta faɗa ciki. Sake.”

In na turo baki ta ce, “Maho daga ciki ake yin shi. Wanda ya sa tufar shi kaɗai ya san da shi. Ke rufa wa mutum asiri za ki yi, ba tallar talaucinsa ba.” Na sake, ina hawaye, tafin dandali yana nisa. Da haka hannuna ya faɗa.

Aure ya kawo ni Kaura. Malam, baban yarana, gyaran injin niƙa yake yi. Duk ƙauyen da inji ya tsaya shi ake aiko wa, daga Zurmi har Gurbin Bore, ranar kasuwar Shinkafi kuwa tun asuba yake ɗaure jakar sifanunsa a bayan keke. A wancan lokaci mutum kan bi hanyoyin nan shi kaɗai yana waƙa, ba kamar yanzu da ake bin su da addu'a a baki ba. Aikinsa duk na durƙuso ne, a kan siminti da tsakuwa da baƙin mai, wandon yadi ba ya yi masa wata biyu kirki. Ranar nan sai ga shi ya dawo da wani wando shuɗi mai kauri da ya saya wajen masu gwanjo a bakin tasha. Ban taɓa riƙe irinsa ba. Mahaifiyarsa, Allah ya jiƙanta, ta murza shi tsakanin yatsunta ta ce, “Wanga wando ne ko buhun gyaɗa? Kai da girmanka za ka sa kayan 'yan iskan gari?” Malam ya yi dariya ya ce shi dai gwiwarsa yake ceto. Yakan ɗora doguwar riga a kai in zai fita, sai ya isa wajen inji ya tuɓe ta ya rataye.

Wandon ya yi ƙarko, amma ba abin da durƙuso ba ya ci. Gwiwar hagu ce ta fara yin fari, ta yi laushi, rannan ta buɗe baki. Na zauna da allurata ina taƙama da koyarwar Gwaggo, allura ta karye. Na ɗauko wata, ita ma ta bi 'yar'uwarta, yatsana ya huje. Maƙwabciyarmu Maman Rahila ce ta leƙo ta same ni ina tsotsar yatsa. Mutanen kudancin Kaduna ne, Kiristoci, mijinta yana aiki a tashar jirgi, katanga ɗaya ce tsakaninmu, gishiri da wuta ba mu taɓa hana juna ba. Ta ce, “Amarya, wannan yadin ba a yi masa faɗa, lallashinsa ake yi.” Ita ta nuna min a fara wanke shi da ruwan toka mai ɗumi don man inji ya fita ya yi taushi. Ita ta nuna min cewa saƙarsa a karkace take tafiya, in ka bi karkatar allura za ta wuce sumul, in ka gitta ta sai ta karye. Ta ba ni allura mai kauri da ɗan kakin zuma na shafa wa zare. Abin da ya fi ba ni mamaki, ta juya wandon ta nuna min yadin da ke ɓoye ƙarƙashin aljihun baya, wanda rana ba ta taɓa gani ba. Ta ce daga nan ake yanko faci, a ɗinke bakin aljihun, wando ya yi wa kansa magani.

Na haɗa nata da na Gwaggo. In juya wandon ciki waje, in cusa ƙoƙo a gwiwa, in shimfiɗa facin, in zare zare daga kalmasar ƙafa don launi ya zo ɗaya, in yi ta kai da komo da ƙananan taku kamar mai shuka a kunya. In na gama in ɗora wurin a kan turmi in bubbuga da bakin taɓarya har ɗinkin ya kwanta. Aikin yini ne, wani lokaci har da washegari, tsakanin girki da goyo. Na fi son yin sa bayan azahar, lokacin da gida ya yi tsit, ba ka jin komai sai kukan kurciya da injin unguwa yana tuk-tuk daga nesa. In na ji injin nan sai in ji kamar ni da Malam aiki ɗaya muke yi.

Shekaru suka yi ta tafiya, faci na hawa kan faci. Aljihunan baya suka ƙare, na koma yanko daga wasu tsofaffin wanduna da yake sayowa, don ya sayi wasu jins ɗin daga baya, amma wannan na farko shi ne abokin aikinsa. Kowane faci na san ranarsa. Na gwiwar dama, a Gurbin Bore ne bel ɗin inji ya tsinke ya zabge shi, Allah ya tsare ƙafar, ya dawo yana ɗingishi yana ce min in fara duba wandon kafin shi. Na cinya, tartsatsin walda ne. Akwai wani ƙarami a gefen aljihu inda sifana ta yi ta gogawa, na yi shi ina da tsohon cikin Auta, ina ɗinki yana harbina. Malam ba mutum ne mai yabo a baki ba. Amma abokan aikinsa sun sha gaya min cewa a kasuwar Shinkafi yakan miƙe ƙafa a rumfar mai shayi ya ce duk wanda ya nuna masa inda facin ya fara zai saya masa shayi. Ni kuma abin da ya taɓa ce min kawai shi ne, “Wanga wando yanzu hannunki ya fi na masu saƙa shi yawa a ciki.” Na yi kamar ban ji ba, na ci gaba da tankaɗe. Amma da na shiga ajin yaƙi da jahilci, girma ya riga ya kama ni, malamarmu ta ce kowa ta rubuta abin da aka taɓa gaya mata da ya faranta mata rai, wannan maganar na rubuta.

Da Allah ya karɓi abinsa, bayan na fita takaba, aka fito da kayan sawarsa. Manyan riguna aka raba wa 'ya'ya da ƙannensa, saura aka ware na sadaka. Babban ɗana ya ɗaga wandon da yatsa biyu ya ce, “Inna, wanga ko sadaka anka ba da ba mai amsa.” Na ce to a bar mini. Ban nemi komai ba a cikin kayan sai shi. Na wanke shi, amma ban wanke shi sosai ba, na bar ɗan warin man nan. Na naɗe shi da busasshen ganyen dogon yaro saboda asu, na sa a ƙasan adakata. Ba kullum nake fito da shi ba. Sanin yana nan ya ishe ni.

Auta yana ƙarami ubansa ya rasu. Na san na sangarta shi, 'yan'uwansa sun sha faɗa, amma wace uwa ce za ta ga maraya a gabanta ta iya ɗaure fuska? Ya girma ya yi tsawo, ya shiga babbar makarantar da ke nan garin, ya koma kwana a ɗakin da ke jikin zaure. Wata rana bayan la'asar ina tsintar wake, ya zo ya zauna a gefen tabarmata, abin da ya daɗe bai yi ba. Ya sa hannu yana taya ni. Can ya ce, “Inna, kin san na fara mance fuskar Baba?”

Na ɗago na dube shi.

“Su Yaya kowa ya samu wani abu nashi. Wani hula, wani agogo. Ni ina yaro, ba wanda ya tuna da ni. Ko abu guda ba ni da shi da zan taɓa in ce na ubana ne.” Muryarsa ta yi rawa, ya sunkuyar da kai, na ga ya sa bayan hannu ya share ido. “Wandon nan na aiki da kike ajiya, da za ki ba ni, in riƙa sawa ina yi mai addu'a.”

Ban yi shawara da kowa ba, ko da zuciyata. Na ture tiren wake na shiga ɗaki. Da ya gwada shi ya fito tsakar gida, sai da na kau da kai, don tsayuwar ta Malam ce sak, har yadda yake ɗan karkata kafaɗa. Na ce ya tuɓe in ƙara wa maɓallin ƙarfi. Ina ɗinkin ina nuna masa facin ɗaya bayan ɗaya, ina ba shi labarin kowanne, yana gyaɗa kai yana cewa Allah sarki, Allah shi jiƙan Baba. Ranar na yi barci da sanyin zuciya. Na ce ashe yaron nan yana da tunani, mu ne ba mu lura ba.

Ba a yi mako ba, da safe na ɗauki tsintsiya na shiga share masa ɗaki kamar yadda na saba. Na zura tsintsiya ƙarƙashin katifa, ta jawo ƙura da bawon gyaɗa da wata reza. Bayan rezar sai wasu 'yan ƙyallaye shuɗaye. Na yi zaton tsumman goge takalmi ne, har na tura su gaba. Sai idona ya faɗa kan taku. Ɗinkina ne. Mutum ba ya ɓata hannunsa. Na durƙusa na tsince su. Ga na Gurbin Bore, an farke shi an yi masa gunduwa biyu. Ga na walda. Ga ƙaramin nan na gefen aljihu. An bi su da reza an yanke zaren ɗaya-ɗaya, aikin da shi ma sai da aka zauna aka yi masa haƙuri.

Ina nan durƙushe na ji dariya a ƙofar gida. Na leƙa ta zaure. Auta ne a kan babur ɗin abokinsa Bashar, ya ɗora ƙafa ɗaya a kan tanki, wani yana ɗaukarsa hoto da waya. Gwiwoyinsa duka biyu a waje, farin zare na reto kamar gemun masara. Cinyar ma an tsattsaga ta a jere, har inda ba ta taɓa yagewa ba. Bashar ya hango ni ya cire hula ya rusuna, yaro ne mai fara'a, bakinsa ba ya riƙe magana.

“Inna, ina kwana? Kin ga ɗanki ya zama ɗan birni! Wallahi kirezin ga ko a Gusau ba a samun irin shi. Na kanti duk koɗewar ƙarya ce, wanga kuwa tsufan gaskiya ne.”

Na ce, “Mi ne ne kirezi kuma?”

“Yagaggen jins, Inna, shi ake yayi. Ai tun bara yake ba mu labari akwai wani tsohon jins cikin adakarki, sai ya san dabarar da ya yi ya amso shi. Munka ce ƙarya yake, tsohuwa ba ta ba da wa. Ya ce mu ba shi lokaci, shi ya san inda zai taɓa.”

Auta ya ce, “Kai Bashar, rufe mana baki!” Yana dariya ya faɗa, amma bai dube ni ba.

Ba a tozarta yaro gaban abokansa, haka aka koya mana. Na ce su shigo su sha kunu kafin su fita, suka shigo suka sha, Bashar har da ƙari. Ni na zuba musu da hannuna, ƙyallayen suna ƙulle a bakin zanena.

Sai da rana ta yi sanyi ya dawo shi kaɗai, ya same ni a madafi. Ya tsaya daga ƙofa yana sosa ƙeya.

“Inna, wai fushi kike? Don tsumma? Wandon ga fa ajiye yake yana ruɓewa, ni na raya shi. Kowa sai tambaya yake ina na samo.”

Na ce, “Ba wandon nake tambaya ba, Auta. Ranar da ka zauna nan kana taya ni tsintar wake. Hawayen nan fa?”

Ya tsura wa murhu ido. Da ya yi ƙarya a lokacin, da na karɓa, wallahi da na karɓa da hannu biyu. Sai ya ce, “To Inna, da na gaya miki gaskiya ai ba ki ba ni.”

Na ce haka ne. Na ci gaba da tuƙa tuwo.

Na yi ta juya abin nan a raina kwana da kwanaki. Yara a zamaninmu ma sun yi ƙarya, ni kaina na sha ce wa Gwaggo allura ta ɓata don in tafi dandali. Yayi kuma ba yau aka fara ba, shi kansa Malam an kira wandonsa na 'yan iskan gari. Da Auta ya sace wandon ne daga adaka, da na yi faɗa na huce. Abin da ya tsaya min a maƙogwaro shi ne yaron ya zauna ya auna ni. Ya duba ya ga inda uwarsa ta fi taushi, ya sa sunan ubansa da ke kabari ya danna wurin, abokansa na jiran sakamako a waje. Da ina nuna masa facin nan ina ba shi labari, shi yana duba inda reza za ta shiga. Ban gaya wa yayansa ba, don na san abin da zai biyo baya, kuma ba duka nake so a yi masa ba. Ban fasa yi masa abinci ba, ban fasa sa masa albarka in zai fita ba. Shara ce kawai na daina shiga yi masa, shi kuma bai tambayi dalili ba.

Tsohon yadi in an cire masa abin da ke riƙe da shi ba ya jimawa. Bazara na ƙarewa, hadari ya fara haɗuwa ta gabas, sai ga Auta da baƙar leda. Ina zaune ina yi wa jikar Maman Rahila facin siket ɗin makaranta, don har yau 'ya'yanta in sun zo gari sukan kawo min. Ya tsuguna ya zazzage ledar a gabana. Wai yana hawa babur ne tsagar gwiwa ta zarce har hantsa, a gaban mutane, sai da ya ɗaura rigarsa a ƙugu ya dawo gida.

“Inna, taimaka ki kama min nan wajen hantsar kawai. Gwiwar ki bar ta yadda take. Telan bakin kasuwa ya ce ba ya iyawa, wai yadin ya mutu. Na ce mai Innata ta iya.”

Na baje wandon a cinyata. Hannuna ya riga ni, har ya fara lalubar inda yadin ke da sauran rai, ya gano ta inda za a fara da inda za a ƙare. Zai gyaru. Da wuya, amma zai gyaru. Tun da nake ban taɓa mayar da ɗinkin kowa ba, na maƙwabci ko na baƙo, balle na ɗan da na haifa. Na ninke shi yadda ya zo na miƙa masa.

“Ba zan yi ba, Auta.”

Ya yi dariya, yana zaton wasa ne. “Haba Inna, na san hannunki.”

“Yagewar aiki nake ɗinkewa. Wagga ba aiki ya yi ta ba.”

Ya daɗe a tsugune. Ya ce Inna, na amsa. Ya sake cewa Inna, na sake amsawa, idona a kan siket ɗin yarinya. Bai karɓi wandon ba, ni ma ban ci gaba da riƙe shi ba, na ajiye shi a gabansa. Ƙarshe ya ɗauka ya ɗora a kan katangar rijiya, wai ko zan sake tunani, ya fita.

Kafin magariba iska ta taso, ruwan farko ya sauko da ƙarfinsa. Na tashi da saurin da gwiwoyina suka yarda da shi. Na kwashe shanyar gero, na janye itace zuwa madafi, na naɗe tabarma, na sauke wankin da ke kan igiya, har da rigunan Auta, na kore kaji cikin akurki. Na bi ta gefen rijiya sau biyu. Sannan na shiga ɗaki na zauna a bakin ƙofa, ina kallon ruwa yana dukan wandon, har duhu ya hana ni ganinsa.